Zuwa ga fastocinmu da masu bishara na karkarar Kano da Jigawa, kan maganar 666 da ake razana mutanenmu da ita

Iyayena fastoci, masu bishara da dattawan ikilisiya, tun daga ƙasar Sumaila da Tudun Wada da Doguwa da Rogo da Karaye har zuwa 'yan uwanmu na Jigawa, ina gaishe ku cikin sunan Ubangijinmu Yesu Kristi. Ya aikin Ubangiji, ya iyali, ya kuma aka ji da kaka.

Ni ɗanku ne, malamin makarantar Lahadi a wani ƙauye a ƙasar Sumaila, nayi koyarwa a firamare har nayi ritaya yanzu sai gona da 'yan tumaki. Wani a cikinku shi ya min baftisma, wasu kuma a ajina suka koyi haɗa baƙi kafin su tafi makarantar Baibul, dan haka ba da raini nake wannan rubutu ba, gyara kayanka ai baya zama sauke mu raba. Maganar ta daɗe tana cina, naso in faɗeta a taro amma a taro minti biyar ake ba mutum kuma ita tafi ƙarfin minti biyar.

Shekarar 2021 ne bayan an gama yankan dawa wani baƙon mai wa'azi yazo mana taron farkawa na kwana uku. Bazan faɗi sunansa ko inda ya fito ba dan ba shi kaɗai bane, irinsa sunyi yawa kuma yanzu ma basa zuwa da ƙafarsu, ta waya suke shigo mana har ɗakin kwana. Yazo da janareto da majigi aka kafa farin ƙyalle a jikin bangon coci, ya nuna mana hannun wani bature ana cusa masa wani ɗan abu kamar ƙwayar shinkafa, sannan ya buɗe Ru'ya ta Yohanna, wadda wasu fassarorin ke kira Wahayin Yahaya, sura 13 aya 16 da 17, inda akace za'a sa wa kowa alamar wata dabba da Yohanna ya gani a wahayi, wadda aya 18 tace lambarta 666, a hannun dama ko a goshi, babba da yaro, mai kuɗi da talaka, kuma ba mai iya saye ko sayarwa sai mai alamar. Yace to kun gani, NIN kenan, BVN kenan, allurar korona kenan, duk wanda ya dangwala yatsa a na'ura ya riga ya shiga rajistar Shaiɗan. Mata na kuka yara sun ƙanƙame iyayensu, aka tara baiko mai kauri, ranar Litinin ya hau mota yayi gaba.

Yayata mijinta ya rasu da daɗewa, ɗanta namiji guda ɗaya yana gadi a Legas shi ke turo mata kuɗin cefane ta gurin mai POS na bakin kasuwa. Tun daren nan tace ita da NIN har abada. Nayi lallashi na karanta mata ayoyi, tace ai kai ba fasto bane. A watan Afrilun 2022 da aka fara toshe kira a layukan da ba'a haɗa da NIN ba nata yana ciki, ta koma sai ta ari wayar maƙwabciyarta Musulma in zata ji muryar ɗanta. Da aka zo rubuta sunayen manoma dan tallafin taki akace sai da lamba, bata shiga ba. Wannan duk mai sauƙi ne. A 2023 lokacin da mashaƙo ya addabi Kano fiye da kowace jiha, a ƙauyen da ke gaba da namu mun binne yarinya bata cika shekara 2 ba, jikar wani dattijon ikilisiya, an haifeta bayan wancan taron kuma ba'a taɓa kaita rigakafi ba ko sau ɗaya saboda uwarta tana gurin ranar da aka nuna majigin. Ni na riƙe fitila ana haƙa ramin. Mu da muka ga abin da ƙin allurar shan inna na 2003 zuwa 2004 ya jawo a jihar nan, yaran wancan lokacin yanzu samari ne a kan keken guragu, ban taɓa zaton irin wannan zata fito daga kan bagadinmu ba.

Abin da yafi min ciwo, akwai fastoci uku zaune a gaba a daren nan, dukkansu sun san ba haka nassin yake ba, amma sukayi shiru dan kar ace sun kunyata baƙo. Na gane kunya, da ita aka rene mu. Amma baƙo ya tafi, tumakin naku ne.

Iyayena kun fini sanin littafin nan amma ku bari in maimaita dan matasan da zasu karanta a waya. Ru'ya wasiƙa ce, tana da wanda ya rubuta tana da waɗanda aka rubuta wa. Yohanna yana tsare a tsibirin Fatmos saboda maganar Allah, ya aika wa ikilisiyoyi 7 da ya ambata da suna, Afisa, Simirna, Birgamas, Tayatira, Sardisu, Filadalfiya da Lawudikiya, dukkansu a yammacin ƙasar Turkiyya ta yau, Simirna ma itace birnin Izmir na yanzu. Tun iyayen ikilisiya na farko ana cewa a ƙarshen mulkin Kaisar Domitiyan aka rubuta, wajen shekara ta 95. Mutanen nan kamar mu suke, 'yan tsiraru a cikin jama'a mai yawa, da yawansu talakawa, kuma a garuruwansu akwai haikalin da aka gina dan bautar Kaisar. A Birgamas har an riga an kashe wani mai suna Antibas, sunansa na nan a 2:13. Wajen shekara ta 112 wani gwamnan Romawa mai suna Filini ya rubuta wa Kaisar Tarajan yadda yake gwada wanda aka zarga da bin Kristi, a kawo gunkin Kaisar a bashi turare da ruwan inabi ya miƙa sannan ya zagi Kristi, in yayi a sake shi in yaƙi a kashe shi. Folikaf bishop ɗin Simirna tsoho tukuf a kan haka aka ƙone shi, yace shekara 86 yana bauta wa Yesu bai taɓa masa laifi ba ta yaya zai zage shi. A shekara ta 250 Kaisar Disiyus ma har takardar shaida yasa a riƙa ba duk wanda ya miƙa hadaya, an tono irin takardun a Masar suna nan a ajiye.

To kunga inda maganar take. Alamar dabba sujada ce. Ku karanta surar daga farko, sau nawa akace suka yi wa dabbar sujada, suka yi wa siffarta sujada, wanda yaƙi sujada a kashe shi. Hannu da goshi kuwa duk Bayahude ya san daga ina aka ɗauko, Kubawar Shari'a 6:8 ne inda akace a ɗaura maganar Allah a hannu a sa ta a goshi, wato aikinka da tunaninka su zama na Allah. A sura 7 da sura 14 bayin Allah ma an sa musu hatimi a goshi, ban taɓa jin mai wa'azin da yace wannan hatimin kati ne ko allura ba, to me yasa na dabbar kaɗai ya zama na'ura. Ranar da nayi NIN ba wanda ya tambaye ni wa nake bauta wa, ba wanda yace in musanci Yesu, gabana wani Alhaji ne bayana wata Bafulatana kowa ya dangwala ya tafi da addininsa. Kuma ai saboda rajistar ƙidaya ta Kaisar Augustas ne Yusufu da Maryamu suka tafi Baitalami, Luka sura 2, basu ce rajistar Shaiɗan bace. Manzo Bulus da za'a masa bulala cewa yayi shi ɗan ƙasar Roma ne, Ayyukan Manzanni 22:25, da zamansa ɗan ƙasa ya kare kansa har ya ɗaukaka ƙara zuwa gaban Kaisar. Mu kuma muna koya wa gwauraye su jefar da abin da ke nuna su 'yan ƙasa ne, a gurin da dama can ana ja mana rai kafin a yarda mu 'yan asali ne.

Ita kanta lambar 666 ɗin, Bahaushe yafi bature saurin gane ta. Duk wanda ya taɓa zama kusa da malamin zaure ya san hisabi, alif 1, ba 2, jim 3, dal 4, kowane harafi da adadinsa. Haka Ibrananci da Helenanci suke. Yohanna da kansa yace lambar mutum ce mai hankali ya lissafa. In ka rubuta Neron Kaisar da haruffan Ibrananci, nun 50, resh 200, waw 6, nun 50, kof 100, samek 60, resh 200, ka tara, 666 cif. Nero kuwa shine wanda bayan gobarar birnin Roma ta shekara ta 64 ya ɗora wa Kiristoci laifi ya riƙa ƙone su, kuma a zamaninsa ne akace an kashe Bitrus da Bulus. Akwai tsofaffin kwafe na littafin da suka rubuta 616 a maimakon 666, har Ireniyus bishop ɗin Liyon ya ambaci haka wajen shekara ta 180 duk da shi bai yarda da ita ba, kuma in ka cire nun ɗin ƙarshe ka rubuta Nero yadda Romawa ke faɗa, 50 ta fita, saura 616. A 17:9 kuma mala'ika da kansa ya fassara yace kawuna 7 na dabbar tuddai 7 ne da matar da ake kira Babila ke zaune a kai, a wancan zamanin ko yaro ya san birnin da ke kan tuddai 7, wato Roma. Wani abu kuma da naga da yawa basu lura ba, kalmar magabcin Kristi ko sau ɗaya bata fito a Ru'ya ba, a wasiƙun Yohanna na 1 da na 2 kawai take, kuma can cewa yayi tun a lokacinsa magabta da yawa sun riga sun zo.

Kar a fahimce ni a baibai. Na gaskata Yesu zai dawo da jikinsa, za'a ta da matattu za'a yi shari'a, a kan wannan begen na binne iyayena. Kuma bance littafin ya ƙare da faɗuwar Roma ba, duk lokacin da mai mulki ya nemi abin da na Allah ne kaɗai to dabbar ta sake ɗago kai. Wanda ke da damuwa kan yadda hukuma ke ajiye bayanan mutane shima yana da hujja, amma wannan maganar 'yan ƙasa ce a kaita gaban 'yan majalisa da kotu, ba'a jingina ta ga ceton ran tsohuwa.

Sa rana kuwa an daɗe anayi ana shan kunya. William Miller a Amurka, ba Likita Mila na Wusasa da yayi aikin fassara mana Littafi Mai Tsarki na 1932 ba, wani ne daban, ya lissafa daga littafin Daniyel mabiyansa suka tsayar da 22 ga Oktoba 1844, manoma suka bar amfani a gona ba girbi, gari ya waye ba komai. Harold Camping mai gidan rediyo yace 21 ga Mayu 2011, mutane suka sayar da kadarorinsu suka buga allunan talla. Waɗannan dukiya suka rasa. A Kanungu ta ƙasar Yuganda ƙungiyar da tace duniya zata tashi a ƙarshen 1999, da bata tashi ba sai aka kulle mabiya a ɗakin sujada aka cinna wuta ranar 17 ga Maris 2000, da waɗanda aka tono a ramuka daga baya sun haura 700. A dajin Shakahola na Kenya a 2023 an tono gawa sama da 400, harda yara, an ce musu suyi azumi har mutuwa su sadu da Yesu, kuma shugabansu Paul Mackenzie da me ya fara, da wa'azin cewa makaranta da asibiti da lambar shaidar ɗan ƙasa duk na Shaiɗan ne. In gemun ɗan uwanka ya kama wuta sai ka shafa wa naka ruwa. Ubangiji da bakinsa yace ranar nan da sa'ar nan ba wanda ya sani, ko mala'iku, ko Ɗan, sai Uban, Markus 13:32.

Akwai kuma abin da ya kamata mu gaya wa mutanenmu da gaskiya, jadawalin nan da muka taso muna gani an zana a allo, fyaucewa a ɓoye, sai shekara 7 na ƙunci, sai mulkin shekara 1000, fahimta ɗaya ce a cikin fahimtoci. John Nelson Darby ne ya tsara ta haka a wajen shekarun 1830, Baibul mai sharhin Scofield na 1909 ya yaɗa ta a Amurka, kuma da yawa daga turawan mishan da suka zo mana da ita suka taso. Amma Agustin ɗan Afirka, bishop ɗin Hippo a ƙasar Aljeriya ta yau wanda ya rasu a 430, shi yana ganin shekara 1000 ta sura 20 itace wannan zamanin na ikilisiya, kuma har yau 'yan Katolika da 'yan Luta da wasu da dama a nan suka tsaya, suma 'yan uwa ne. Ban ce ku bar abin da kuka koya ba. Amma ku duba su turawan da suka kawo mana, sun gaskata Yesu na iya dawowa gobe, duk da haka suka riƙa jinyar kutare a Yadakunya, suka buɗe asibitin ido a Kano a 1943, suka koya wa iyayenmu karatu, suka riƙa yin allura da hannunsu. Jiran Ubangiji bai hana su riƙe sirinji ba.

Yanzu bari in zo inda tafi zafi, siyasa.

Kafin zaɓen 25 ga Fabrairu 2023 wayoyinmu sun cika da saƙon murya, wannan ɗan takara shine dabbar da ta fito daga teku, mataimakinsa shine annabin ƙarya, wancan kuma shine Sairus, sarkin Farisa da Allah ya shafe. Mutum yana da 'yancin yaƙi tikitin Musulmi da Musulmi, yana da 'yancin ya faɗi dalilinsa da babbar murya, nima ina da nawa ra'ayin kuma na kaɗa ƙuri'ata. Amma da zarar kace wane dabba ne to ka rufe ƙofar magana, dan dabba ba'a zama da ita a teburi, kuma duk wanda ya zaɓe ta ya zama mai alama, harda ɗan uwanka da kuke cin jibin Ubangiji tare. A cocinmu dattawa biyu sunyi wata da watanni basa gaisawa a kan haka. Kuma wannan rigar an sa wa mutane da yawa, Luta ya sa wa Paparoma, an sa wa Napoliyon, an sa wa Hitila, an sa wa Gobachof saboda tabon goshinsa, an sa wa Obama, kowane zamani sai ya ɗinka ta daidai jikin wanda baya so. Lokacin ƙarancin takardun naira a farkon 2023 da muka riƙa karyar da hatsi a hannun mai tsabar kuɗi, akace gashi nan ba saye ba sayarwa, annabci ya cika. Ashe tsarin babban banki ne, gwamnoni suka kai ƙara, Kotun Ƙoli ta yanke hukunci ranar 3 ga Maris tace tsofaffin kuɗi su ci gaba da aiki. Ga zaɓen 2027 na tafe kuma na fara jin irin saƙonnin sun dawo.

Wanda yafi tsorata ni shine bidiyoyin da ke cewa Musulunci ne dabbar, ko kuma dokin nan na huɗu na sura 6 wai saboda launinsa. Littafin da aka rubuta shekara wajen 500 kafin zuwan Musulunci, wa mutanen da ke fama da gunkin Kaisar. Masu yin bidiyon suna zaune a Amurka ko a Legas cikin sanyin na'ura. Mu fa. Ƙanen mahaifina Musulmi ne, 'ya'yansa da nawa kaka ɗaya, famfo ɗaya muke ɗiba, gayya ɗaya muke fita, da layya naman su na shigowa gidana da Kirsimeti shinkafarmu na shiga nasu, ranar Juma'a mota ɗaya muke shiga zuwa kara a Wudil. Yaronmu ya ɗora irin wannan a shafinsa na Facebook bai san abin da ya ɗauko ba, wani ya ɗauki hoton shafin ya yaɗa, kafin la'asar ƙauye ya kama. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Suma a nasu ɓangaren akwai masu wa'azin Dujal da Yajuju da Majuju da ke nuna mu da yatsa, na sani, kuma dattawan Kano basu manta da Disambar 1980 ba lokacin Maitatsine da aka rasa rai sama da 4000. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun gurin shiga, kar mu zama masu tsaga shi daga namu gefen.

Ba cewa nake babu tsanani ba. Na ga hayaƙin majami'u a watan Afrilun 2011 da idona. Na san wahalar samun filin gina coci, na san yadda ɗana ya riƙa safa da marwa a wani ofis kan takardar shaidar ɗan asali dan kawai sunansa na Baibul ne, alhali kakannin kakanninsa a ƙasar nan aka binne cibiyarsu. Waɗannan abubuwan suna da suna, rashin adalci ne, kuma suna da inda ake kai su, gaban hakimi da ciyaman da ɗan majalisa da kotu, da takarda da shaida da katin zaɓe a hannu. Wanda aka koya masa cewa duk wata rajista ta Shaiɗan ce da me zai tsaya a gurin.

Haka maganar Isra'ila. Tun kafa ƙasar a 1948 da yaƙin 1967 wasu ke ɗaukar duk motsin da akayi a can a matsayin agogon annabci, da Amurka ta mai da ofishin jakadancinta Urushalima a watan Mayun 2018 har murna akayi a wasu majami'u kamar an kusanto da dawowar Ubangiji. Da yaƙin Gaza ya ɓarke naji matashi a cocinmu yana cewa gara a ci gaba dan Harmagedon, wato yaƙin ƙarshen duniya, ta zo da wuri, kalmar da sau ɗaya tak ta fito a duk Littafi Mai Tsarki, 16:16. Na tambaye shi ko ya san akwai Kiristoci a Gaza, yace a'a. Ranar 19 ga Oktoba 2023 bom ya faɗa harabar cocin Forfiriyus mai tsarki, ɗaya daga tsofaffin majami'u a duniya, ya kashe mutanen da suka fake a ciki harda ƙananan yara. Mu da muka fi kowa sanin zaman tsiraru, mu ya kamata mu fara tuna su. A yi wa Urushalima addu'ar salama kamar yadda Zabura 122 tace, amma mai bin Yesu Ɗan Rago baya murna da jinin yaron kowa.

Sai kuma ɗaya fuskar wadda bata da hayaniya amma tana cinmu a hankali, wato ai duniya ta zo ƙarshe me za'a gyara. Da ambaliyar 2022 ta cinye gonaki a Ringim da Auyo da Hadeja naji ana cewa alamun ƙarshe ne kawai, shikenan aka rufe magana. Ba wanda ya tambaya ya ake sakin ruwan Tiga da Challawa, ba wanda ya tambaya ina aka kwana kan ciyawar kacala da ta toshe hanyoyin ruwa. Ɗan siyasa ba abin da yake so irin talakan da ya sallama. Bulus kuwa da 'yan Tasalonika suka ajiye aiki suka zauna, cewa yayi wanda yaƙi aiki kar ya ci, 2 Tasalonikawa 3:10.

Alhali in siyasa ake nema a littafin nan akwai ta, mai kaifi ma, mune bama karantawa. Sura 6 aya 6, murya tace mudun alkama dinari guda, mudu uku na sha'ir dinari guda, amma kar a taɓa mai da ruwan inabi. Dinari ladan ƙwadagon yini ne. Wato mutum yayi noman kuɗi tun safe har yamma ya samu abin da shi kaɗai zai ci, matarsa da 'ya'yansa ko oho, kayan masu hali kuwa ba abin da ya same su. Wa zai karanta wannan a ƙauyenmu bayan cire tallafin mai na Mayun 2023 bai ji a jikinsa ba. Sura 18 kuma ta jera hajar 'yan kasuwar Babila, zinariya, azurfa, lu'ulu'u, siliki, hauren giwa, kayan ƙamshi, alkama, shanu, tumaki, dawakai, sai a can ƙarshen jerin ƙasa da dabbobi akace bayi da rayukan mutane. Wannan shine laifin Babila, mutum ya koma haja. Mai ɓoye hatsi a sito sai farashi ya tashi, mai karkatar da takin tallafi, mai zuwa da taliya da atamfa da sabulu daren zaɓe ya saye mu shekara 4, mai kwasar 'yan matanmu zuwa aikatau a birni, wa'azin waɗannan yana cikin Ru'ya ƙarara. Amma shi wannan wa'azin yana da tsada dan wani lokacin mai laifin yana zaune a benci na gaba kuma shi ya sayi kwanon rufin coci. Tsorata tsohuwa da lamba yafi sauƙi.

Kuma ku duba yadda ake nasara a littafin. A sura 5 an ce wa Yohanna ga Zakin kabilar Yahuza, da ya waiga sai yaga Ɗan Rago kamar an yanka shi. A 12:11 da jinin Ɗan Ragon da kalmar shaidarsu suka yi nasara. A tsakiyar surar dabbar ma, 13:10, an ja kunnen mai ɗaukar takobi akace a nan haƙurin tsarkaka da bangaskiyarsu yake. Ba inda aka ce wa ikilisiya ta ɗauki makami. Samarinmu da ke jin zafi a zuciya wannan suke buƙatar ji daga bakinku kafin wani ya rigaku.

Dan haka iyayena ga roƙona. Kar ku ƙara ba baƙo bagadi sai kun san me zai faɗa, in kuma ya kauce ku gyara a gaban jama'ar da suka ji, ko da a Lahadi mai zuwa ne, cikin ladabi amma a fili. Ku ɗauki littafin ku koyar da shi daga sura 1 har 22 da Hausa, a zumuntar mata da gurin matasa, ba aya biyu daga sura 13 kaɗai ba, mutanenmu su ji 7:9 inda taro daga kowace kabila da kowane harshe ke tsaye gaban kursiyi, su ji an ce ba sauran yunwa ba ƙishirwa rana baza ta ƙara dukansu ba, wa yafi manomin watan Afrilu sanin daɗin wannan alkawarin. Ku shiga guruf ɗin WhatsApp na ikilisiyoyinku ku ga abin da ake turawa. Kuma kafin zaɓe ya matso ku haɗu ku tsayar da magana ɗaya, ba za'a kira wani ɗan takara ko wani addini dabba a kan bagadinmu ba. In masu rigakafi sun shigo gari Mama Fasto ta fara fito da nata jikokin, sauran mata zasu biyo.

Yayata har yau bata yi NIN ba. Makon jiya na sake mata magana muna sussukar gero, tace ita bata ƙi ba amma a coci taji an haramta, dan haka sai taji Baba Fasto ya faɗa da bakinsa a coci cewa ba laifi. Tace ranar da ya faɗa, washegari in zo da babur in kaita.

Naku cikin Ubangiji,
Wani malamin makarantar Lahadi daga ƙasar Sumaila